Yadda Za Ka Zama Ƙato a Ɗakin Fayil

Masana sun ce dabbar da ta maƙale a tsibiri, ba mai cinta, ba mai ƙwace mata abinci, jikokinta sukan yi girman ban mamaki, har kunkuru ya fi ƙarti uku nauyi. Su sai da dubban shekaru. Kawuna a shekara goma sha tara ya gama, a ofis. Bi sawunsa, na yi maka alkawari sai kujera ta yi maka kaɗan.

1. Nemi tsibirinka

Ba sai da teku ba. Kawu ya roƙa aka mai da shi ɗakin tsofaffin fayil, can ƙarshen baranda, bayan banɗakin da ya toshe. Wari ya fi ruwa iya tsaro.

2. Rabu da masu farautarka

Sau ɗaya manaja ya leƙo, ya yi atishawa bakwai, bai ƙara zuwa ba. Kada ka kuskura ka yi shara.

3. Ci ka zauna

Inda ba gudu, me za a yi da ƙafa? Akwai tsuntsayen tsibiri da suka daina tashi gaba ɗaya. Kawu ya fara barin hawa bene, daga baya ya bar amsa gaisuwa.

Matarsa ta ce, "Malam, karo na uku ke nan tela yana buɗa wandon nan."

Ya ce, "Matsayi ne, ba ƙiba ba."

4. Manta da tsoro

Duk wanda ya zo neman takarda, ce masa ya dawo jibi. Wata mata ta yi wata huɗu tana zarya kan takardar aikin mijinta da ya rasu. Ko kai Kawu bai ɗaga ba. Ranar ya ji ya cika ɗakin, har ya ɗan fi shi.

5. Kada ka damu da jirgin ruwa

Dama sai ya zo, ya sauke mafarauta a tsibirin. Na Kawu ya kawo sabuwar shugaba da kwamfuta biyu. Ta tsaya a bakin ƙofa, matar mamacin nan na bayanta.

"Baba, wane aiki ake yi a nan?"

Kawu ya daɗe da manta yadda ake miƙe wa manya. Daga zaune ya ce, "Dawo jibi."

Ta kuwa dawo, da takardar sallama.

Gargaɗi: ni dai labari na ba ka, ban aike ka ba. In an kore ka, kada ka nufo gidanmu. Kawu ya riga ya cike falon.