Wanke Dafaffiyar Shinkafa

"...da sauƙi, amma ganinka ya dawo mini da ciwon sabo."

Haka uwata Chiyono ta amsa gaisuwar jikanta Kohei, bayan ya sha jirgin ƙasa na awa uku daga Osaka. Kwananta huɗu da sallamowa daga asibiti, ko loma ta ƙi sa wa bakinta. Na yi lallashi, na yi faɗa, har na gaji. Yayana Masanobu kuwa, uban Kohei, ya riga ya karɓo takardar gidan tsofaffi, ya ce in Lahadi ta yi ba ta ci ba zai sa hannu. Kohei ya leƙa kicin, ya ga tukunyar ƙasar da na dafa kaza jiya, da sauran romo da tsoka a ciki.

"Tsohuwa, zosui zan yi miki. Romon shinkafa, daidai da mai haƙori biyu."

"Huɗu ne, makaho. Kai da ruwan zafi ma sai ka duba waya kafin ka dafa."

"Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. A wurinki na gada."

"A wurin uwarka dai. Wannan ragowar kazar zan ci? Ta riga kakanka mutuwa."

"Ai sa'arki ce, kun yi makaranta tare."

Ya ɗora tukunya, ya yayyaga naman. Sai ya ɗauko shinkafar jiya, curi guda, zai jefa. Daga inda take kwance tana hango shi ta ƙofa.

"Kai, me kake yi?"

"Girki."

"Ba ka wanke ba."

"Wa ke wanke dafaffiyar shinkafa? Ko asibiti sun cire miki hankali tare da tsakuwar cikin?"

"Rashin sani, kaza ta kwana kan dami. In ba ka wanke yauƙin ba romon zai kame. Wannan ojiya ake ce masa, kunun majinyata."

"To ke mece ce?"

"Ni? Ni na yi jinyar ƙauyen nan kaf kafin a haifi ubanka."

"Shi ya sa makabarta ta cika."

Matar da sai na tallabe ta take zuwa banɗaki, sai ga ta ta dafa bango ta miƙe. Haushi ya kama ni, don ni kwana huɗu ina "Inna, daure", ashe zagi take jira. Ta fizge kwanon shinkafar, ta juye a kwando, ta sakar masa ruwan sanyi har ƙwayoyin suka warware.

"Fasa ƙwai biyu, ka kaɗa. Ba dambe na ce ka yi da su ba."

"Na zuba?"

"Zagaye za ka yi, siriri. Ajiye ludayin nan. Ka juya, na karya maka hannu. Kashe wuta, rufe."

"Mutum na bakin kabari yana mulki."

"Kabarin naka ne. Ina lawashin albasa?"

Da aka buɗe, romon garau, ƙwai ya yi lallausa a sama. Kohei ya ɗanɗana ya yatsine fuska.

"Lami. Hannunki ya mutu, Kaka."

"Harshenka ne ya mutu da abincin kanti. Miƙo cokali."

Ta kurɓa.

"Gishiri ya ji."

"Na sama kika ɗiba. Ƙasan ne lami."

Ta zuba a kwano don ta ƙaryata shi. Ta shanye, ta tsince naman tas. Ni dai na juya baya ina wanke kwandon da ba ya buƙatar wanki, don hawaye sun zo mini kuma ba na so ta gani. Sai da ta ajiye cokali ta tsaya tana kallonsa.

"Kohei. Tun kana ɗan shekara goma na koya maka wanke shinkafar nan."

"Ni? Ban tuna ba. Tsufa ne."

Ta yi dariya har da tari, ta tura masa kwanon.

"Ɗan nema. Ƙaro mini, da ƙwai da yawa. Sannan ka kira ubanka ka ce ya mayar wa mutanen nan takardarsu. Ba inda za ni in bar jahili irinka da tukunyata."