Fuskar Kozue a Ranar Buɗe Teku

Da na dawo gida bayan shekara bakwai ina karatu a ƙasar sanyi, na tarar 'yan matan Tokyo sun koma sayen rana da kuɗinsu. Sai su shiga shago su kwanta a cikin wani dogon akwati mai fitilu, su fito sun yi duhu kamar gasasshiyar masara. Na ji ana cewa masu shagunan kan roƙe su su wanke fuska tas kafin su shiga, ni kuwa na ɗauka dabarar sayar da sabulu ce. Hasken da ke gasa mutum daga goshi har dunduniya, wace hoda ce za ta tare shi? Ina nan da wannan shakka har safiyar bikin buɗe teku a tsibirinmu.

A ranar kowane gida kan fito da mace ɗaya. Za ta sa fararen kaya, ta wanke fuska a idon ruwan da ke gindin ɗakin bauta, a gaban kowa, sannan ta nutsa ta ciro awabi guda, babbar katantanwar nan ta teku. Shekara hamsin da biyu kakarmu Matsuno ke tsaya wa gidanmu. Bana gwiwa ta ƙi. Shi ya sa aka kira Kozue, 'yar kawuna, wadda ta iya nutso tun tana 'yar shekara tara, kafin Tokyo ta ɗauke ta.

Kozue ta leƙo tsakar gida da tawul naɗe a fuska, da baƙin tabarau, da jakarta a kafaɗa. Jirgin ruwa na ƙarfe goma kawai take tunani. Kaka na zaune a dakalin katako tana tsinkar ciyawar teku a faranti, ni kuma ina gefe ina kallo.

"An tashi lafiya, Kaka?"

"Lafiya lau, sai gwiwa. Amma wa ke gaishe ni? Tawul ne ko mutum?"

"Ni ce mana. Ina takalmana?"

"Waɗancan masu tudu kamar turmi biyu? Shaho ya ɗauka. Ya ce zai yi sheƙa a ɗaya, ya ba da hayar ɗaya."

"Kaka, ba wasa nake ba. An kira ni daga wajen aiki."

"Ta wace waya? Tamu ko tari ba ta yi ba tun jiya. Cire zanen nan mu gaisa. Ni ban saba hira da kayan shanya ba."

"Mura nake yi."

"Mura a goshi? Ta birni ce ke nan. Tamu ta ƙauye a hanci take tsayawa."

Jiya da Kozue ta sauka daga jirgi fuskarta a rufe take ruf da kwalliyarta ta kullum: hoda mai duhu, farin fenti kewaye da idanu, farin jan-baki. Sai da ta wanke ta dubi madubin gidan nan, wanda ba ya ƙarya kamar na ɗakinta na Tokyo mai ƙaramar fitila, sannan ta ga ɓarnar da aka yi. Ta ja numfashi, ta sauke tabarau, ta warware tawul ɗin.

Wuyanta da kunnuwanta sun yi duhu sumul. Kumatun kuwa dabbare-dabbare, nan duhu nan haske, ga ƙuraje sun yi layi a haɓa da goshi. Kewayen idanunta har zuwa karan hanci fari fat, daidai inda farin fentin ke zama.

Kaka ta ajiye farantin a hankali. Ta duba, ta karkata kai, ta sake dubawa.

"Wanda ya gasa ki bai iya juya kifi ba."

"Kaka!"

"Da ni ce na saya, da na mayar masa. Gefe ya ƙone, gefe ɗanye."

"To ke fa? Busasshen kifi ke yi wa ɗanye gori! Da za a rataye ki a bakin shagon Genzo mai kifi, kafin azahar an saye ki an yi romo."

"A saye ni mana. Ni aƙalla ko'ina na gasu daidai. Kuma kyauta. Ke nawa kika ba su suka yi miki wannan zane?"

"Ba laifinsu ba ne."

"Af, ke kika kai musu samfur?"

"Sun ce a wanke fuska kafin a shiga. Ni ce ban wanke ba."

"Sau nawa?"

"Sau... takwas."

"Sau takwas kina shiga tanda da miya a fuska! Zafi na dafa ta, gumi na neman ƙofa ya rasa. Ba dole ya fito ta taga ba?" Ta nuna ƙurajen da yatsa. "Garin neman gira, ga shi nan an kusa rasa ido."

"Idona lafiya lau, har ina hango haƙoranki guda huɗu."

"Biyar ne. Ɗaya na can ciki yana hutawa. Ke dai kwalliya ba ta biya kuɗin sabulu ba, don ko sabulun ba ki taɓa ba."

Kozue ta so ta yi dariya, ta danne. Ta waiwaya wajen ƙofa, ta duƙa ta leƙa ƙarƙashin dakali.

"Ki ba ni takalmana. Ba zan tsaya a idon ruwa gaban duk garin nan da wannan fuskar ba. Matar Genzo kaɗai ta isa. Kafin in fito daga ruwa labari ya kai tsibiri uku."

"Huɗu. Yanzu ta yi waya."

"Kin gani! A ce ba ni da lafiya. A bar gidanmu bana, ai ba rushewa zai yi ba."

Kaka ba ta amsa wannan da wasa ba. Ta ɗauki ciyawa guda tana murzawa.

"Uwata ta shiga teku da cikina wata bakwai. Shekarar da aka binne kakanku ni na shiga, kwana goma sha ɗaya da rasuwarsa. Ba rushewa zai yi ba, gaskiyarki. Za a kira sunan gida ne kawai, a jira, a wuce." Ta ɗago kai. "Amma gaya mini abu ɗaya, Gasasshiya. Ruwa suke sayarwa a shagon da tsada, da ba ki wanke ba?"

"Tare muke zuwa da ƙawayena."

"Sai me? Su ba su da fuska?"

"Ba su taɓa ganin tawa ba."

"Shekara biyu?"

"Ko sau ɗaya. Ko kwana muka yi wuri guda, ni ce ta ƙarshen barci, ni ce ta farkon tashi."

"Me ke jikin fuskar da ake ɓoyonta haka? Sata ta yi?"

Kozue ta sunkuyar da kai. "Ta ƙauye ce. Faffaɗan kumatu, guntun hanci. Duk wanda ya gani ya san daga bakin ruwa na fito."

"To, to, to." Kaka ta tafa hannu. "Ashe ni ake ɓoyewa! Hancina ne wannan, na ba ubanki aro, ya ba ki. Kumatun ma nawa ne. Kin kai ni Tokyo shekara biyu kin rufe ni da fenti, ko gari ba ki bar ni na gani ba. Sannan kika kai ni tanda!"

"Da na san hancinki ne da na dawo miki da shi tuntuni. Ko tabarau ba ya iya riƙewa."

"Ya riƙe kakanku shekara arba'in."

"Kakanmu ba ya gani sosai, kowa ya sani."

"Shi ya sa ya ce ke kyakkyawa ce ranar da aka haife ki."

Dariyar ta kuɓuce wa Kozue ta hanci, ta yi maza ta rufe baki. Daga bakin gaɓa aka fara jin ganga. Can nesa kuma jirgin ƙarfe goma ya yi ƙaho, yana shigowa.

"Miƙo mini kwandon can," in ji Kaka. "Da butar ruwa."

Kozue ta miƙa mata. Tsohuwar ta kwance ɗankwalin da take ɗaurewa har saman gira, ta jiƙa hannu, ta goge 'yar hodar da takan shafa a kewayen idanu duk safiya tun kafin kowa ya tashi. Ta juyo da fuskarta wajen haske.

"Matso. Ke da kike ƙirga haƙoran mutane, duba nan."

Kozue ta matsa. Daga saman gira, ta gefen idanu, zuwa karan hanci, akwai wani kewaye mai haske a fuskar Kaka, sauran kuwa duhu kamar tsohon katakon jirgi. Shatin gilashin nutso ne na shekara hamsin da biyu.

"Kaka... ke ma shafawa kike?"

"Laifi tudu ne, ai na taka nawa. Wata 'yar birni ce ta yi mini dariya a jirgin ƙasa ina da shekara ashirin. Amma ni ban taɓa kai hodata gaban idon ruwa ba. Ranar wanka ba a ɓoye cibi. Je ki duba matan da za su tsaya a layin nan yau, duk wadda ta isa a kira ta mai nutso tana da wannan zobe. Matar Genzo ce kaɗai ba ta da shi, don ita a gaɓa take nutso, da baki."

Ta zura hannu a kwandon ta ciro gilashin nutsonta, mai baƙar roba da ta sha gishiri. Ta kama haɓar Kozue, ta kauce wa ƙurajen, ta ɗora mata shi. Bakin robar ya zauna a kan iyakar farin, kamar an auna.

"Kin gani? Ni shekara hamsin na yi ina haƙuri kafin teku ta buga mini hatiminta. Ke kin je kin yi na jabu a shiga takwas. Ɓarauniya!"

"Kumatun fa? Su ma hatimi ne?"

"Su wauta ce tsantsa. Ki bar su su sha iska, ki daina cusa musu fenti, ki daina kai su tanda. In sun ƙi lafawa ki je asibiti a duba, kada ki tsaya jin ta bakin ƙawaye."

"In aka yi dariya fa?"

"Za a yi. Ni zan fara, don kada ta wani ta yi miki zafi."

Kozue ta dubi hanyar tashar jirgi ta cikin gilashin, ta dubi tsohuwar da ke zaune da fuska mai launi biyu tana jiran ta. Jakar ta zame daga kafaɗarta ta faɗi a kan dakali. Sai ta fashe da dariya har gilashin ya yi hazo.

"Shi ke nan, Busasshiya, kin ci. Ina fararen kayan?"

"Suna kan gadonki tun asuba, Gasasshiya. Gilashin kuma naki ne. In kika fito ba awabi, ki wuce Tokyo ta ƙarƙashin ruwa."

An yi dariyar a idon ruwa, kuma Kaka ce ta fara, kamar yadda ta yi alkawari. Da aka kira sunan gidanmu, Kozue ta amsa da ƙarfi. Sau uku ta nutsa kafin ta ɗago da awabi wanda bai kai tafin hannu ba, Kaka ta ce a mayar da shi wajen uwarsa ya ƙarasa shan nono. Ni kuwa shakkata game da hoda da fitila ta ƙare tun a tsakar gida.

Muna hawowa tudu, Kaka ta dafa kafaɗata saboda gwiwa, na tambaye ta abin da ke cina tun safe.

"Kaka, wai ina kika ɓoye takalman nan?"

"Ni? Suna bayan ƙofa, inda ta cire su jiya. Sau biyu ina kallo ta kai ido kansu ta ɗauke." Ta tsaya ta huta. "Mai son tafiya ko ba takalmi tafiya yake. Wanda ya tsaya nema, so yake a ce masa zauna."