Mijin Inna Hindatu a Cikin Waya

"Lahiya lau. Ya gajiyar kasuwa? To, madalla."

Iyakar abin da Inna Hindatu ta ce ke nan, ta mai da kai kan faifan gyaɗar da take ɓarewa. Sahabi, jikanta, ya tsaya da hannu a ƙugu yana jiran sauran, sauran bai zo ba. Jama'a, wannan tsohuwa ce fa da ba ta taɓa barin ya shigo gidan ba ta kira shi malalacin miji ba! Yau kwana goma sha biyu ke nan tana gaishe shi kamar baƙo.

Dalili kuwa yana cikin akwatinta na ƙarfe. Ruwan da aka tafka kwanan baya ya sami kafa a rufin ɗakinta, ya tsiyaya har cikin akwatin. Hoto ɗaya tak take da shi na mijinta, marigayi Maccido, dillalin shanu a karar Illela, wanda aka ɗauke shi a Ƙwanni tun tana goyo. Da ta zo zaro shi daga leda, fuskar ta bi ledar. Hula da kafaɗu kawai suka rage. Ba ta gaya wa kowa ba. Abin da ya fi ba ta tsoro shi ne, tun ranar, in ta rufe ido ta neme shi, hular da kafaɗun nan take gani, tsakiya fari fat. Shekara ashirin da rasuwarsa, ashe takarda ce ke riƙe mata shi? Wannan tunani ya hana ta sakat.

Sahabi ya ja kujera 'yar tsugune ya zauna, ya zaro waya.

"Amarya, albishirinki. Na samu ɗan dako."

"Allah shi sa alheri."

"Ba ki tambaya wane na ba? Tsohon mijinki na. Shi ka ɗaukar mani kaya yanzu."

Hannunta ya tsaya cak a kan gyaɗar.

"Mi kac ce?"

"Wasan gem na, Kaka. Kina tahiya cikin daji, sai a ba ki abokin tahiya, ki gyara mai kamanni yadda kika so. Ni kau nic ce, wa zan sa in ba abokin kishina ba? Tunda na gaje mai mata, bari in gaje shi da kainai. Diba."

Ya miƙa mata wayar har gaban hanci. Wani gajeren mutum ne a tsaye, da tumbi kamar randa, da gemu har ƙirji, da buhu a baya. Hular kansa ce kaɗai ta yi kama da ta mutanen kirki, baƙa, an karya ta hagu.

"A'uzu billahi! Halitta kake yi yanzu?"

"Zane na, ba ya da rai."

"To wanga buhun gero da ka sa ma hulla, shi na wa?"

"Kakana, Maccido. Shekarata huɗu da yar rasu, na tuna shi sarai."

"Ka tuna gidanku! Kai da a lokacin majina ba ta bari ka ga gabanka ba? Mutumin da sai ya duƙa yake shiga zauren ga, shi ka mayar turmi?"

"Zauren na gajere."

"Kai na gajere! Ƙara mai tsawo, ja'iri."

Sahabi ya sa yatsa ya ja wani ɗan layi a fuskar wayar, sai ga mutumin yana miƙewa.

"Ya isa?"

"Ƙara."

"Kaka, zai hita daga cikin wayar hwa."

"Shi hita! Ƙara kaɗan. Yauwa, tsaya nan. Yanzu cire mai wanga cikin. Mutumin da ka taka ƙasa daga nan har Amarawa shi dawo kahin hantsi, ina shi ina tumbi? Ku na masu babur, ku ad da tumbi."

"Ni da anka ce tuwonki na yar rame da shi."

"Tuwona na yar raini ubanka, har yas samu ƙarhin haihuwar abin kunya irinka."

Sahabi ya sunkuyar da kai yana danne dariya. Ita kuwa ba ta ma lura ta ture faifan gyaɗar gefe ba, har kaza ta fara yi mata ɓarna.

"To, saura gemu. Wanga ai shi na nashi."

"Wagga tsintsiya? Ɗan kaɗan na, nan bisa haɓa, kuma da hurhura gehen dama. Saje bai taɓa bari ba."

"Don bai hito mai ba."

"Ya hito! Wanzami ka kwashe shi duk Juma'a. Kai da ka shekara uku kana kiwon gashi bakwai, har kana da bakin magana?"

"Tara na, na ƙirga."

"Biyu ƙura ce. Je ka wurin hanci."

Ya taɓa, hantuna suka jeru a gefe, ya zaɓi wani shimfiɗaɗɗe kamar an taka shi.

"La ilaha! Hancinka ka ba shi? A'a, wallahi ba a gidan ga ba. Dogo na, siriri, da ɗan tudu a tsakiya. Wuce. Wuce. Wancan! A'a, koma baya. Shi!"

"Kin tabbata? Wanga ai da shi za a iya buɗe gwangwani."

"Da shi yab buɗe zuciyar 'yan matan Lahwani kaf, ni kau nik kada su."

"Ashe dai ke kin nace."

"Ni? Wata bakwai yana zarya ƙohwar gidanmu, takalminai har ya ƙare!"

Haka suka bi shi gaɓa gaɓa. Wuya dogo, da maƙogwaro a fili. Launin fata ba baƙi wuluk ba, wankan tarwaɗa mai duhu. Wushirya a sama, wadda Sahabi ya rantse haƙori ne ya faɗi, ita kuma ta rantse da ita aka haife shi. Kunnen hagu da ɗan yanka, inda wani bijimi ya shafe shi da ƙaho ranar wata Lahadi a kara. Wasan ba shi da yankakken kunne, sai suka daidaita a kan tabo. Abin mamaki, duk sanda ja'irin nan ya sa abin da ba shi ba, sai na gaskiyar ya faɗo mata a baki tun kafin ta yi tunani.

"Saura idanu," in ji Sahabi.

Inna Hindatu ta matso da fuska kusa da wayar.

Idanu suka jeru, manya da ƙanana, masu zurfi da masu fitowa. Ya wuce na farko. Ya wuce na biyu, na biyar, na tara. Ta rufe nata idon ta leƙa, ga tsawo, ga hanci, ga gemu, amma inda idanu za su zauna babu komai. Tsoron nan na kwana goma sha biyu ya dawo mata sabo.

"Kaka?"

"Bar shi haka. Na gaji."

"Ba a barin mutum ba ido, ramin hwarko zai hwaɗa da kayana."

"Nic ce ka bar shi."

Sahabi ya ɗan dube ta. Sai ya gyara zama, ya zaɓo wasu idanu ƙwala-ƙwala, a buɗe tar kamar na wanda ya taka wuta.

"Shi ke nan, na sa mai waɗanga. Ai haka anka ce yake zare ido in ya ga saniya, shi ya sa masu shanu ka gane yana so, su tsawwala mai. Duk kara an san bai iya ciniki ba."

"Wa yac ce?"

"Kowa."

"Ƙarya kake, ɗan nema! Mutumin da ko Hulanin da ka kawo shanu daga Nijar ba su taɓa karanta huskatai ba? In saniya ta yi mai, ba zare ido yake ba, runtse na hagun yake, haka, kamar hayaƙi ya shiga mai, sannan shi ce wai ba ta da ƙiba. Ƙanana na, masu zurhi, girar ta sauko masu. Ranar da yaf hwara ganina bakin rijiya ma haka yar runtse shi, har nic ce ma ƙawata wanga mai ciwon ido..."

Ga shi nan. Ba a wayar ba, a cikin kanta, tsaye bakin rijiya da sandarsa a kafaɗa, ya kanne ido ɗaya yana yi kamar bai ga komai ba. Fuskar duka, har da ɗan gumin da ke kan hancinsa. Wani sanyi ya sauko mata tun daga ka har tafin ƙafa, ta sauke ajiyar zuciya mai ƙarfi.

"Alhamdu lillahi," ta ce a hankali. Sai kuma ta daka masa tsawa. "Mi kake kallo? Gyara mai!"

Ya gyara. Ƙananan idanu masu zurfi, ya ja fatar na hagun ta sauko rabi. Ya miƙa mata wayar, ta riƙe da hannu biyu, ta daɗe tana kallo. Ta sa gefen mayafi ta goge ido.

"Kuka kike, amarya? A gabana kike ma wani namiji kuka?"

"Ƙaiƙayin gyaɗa na."

"To. Saura abu guda. Wasan ya ce a rubuta sunanai. Hwaɗi in rubuta."

"Ka san shi."

"Na manta."

"Ɗazu kah hwaɗe shi da wanga bakin naka mai kama da murhu!"

"Ya shige mani. Hwaɗi mana, harahi nawa na?"

Kai, yaron nan ba shi da ta ido! Shekara talatin da ɗaya tana gidan mutumin, shekara ashirin tana takabar zuci, sunan nan bai taɓa hawa harshenta ba. Ko wani mai sunan ta gamu da shi, sai dai ta ce mai sunan Malam.

"Ko yanka ni za a yi, ba ni hwaɗi."

"To in sa Baban wa? Mi na sunan ɗanku na hwari?"

"Ubanka! Shi ma so kake in kama sunanai? Kunyar duniya ta ƙare a kanka. Rubuta Baban Ummu."

"Autarku? An tsallake mutum shida?"

"Rubuta, ko in rubuta maka da muciya."

Ya rubuta. Yana cikin adanawa idonta ya sake faɗawa kan hular, baƙa, an karya ta hagu. Tun farko haka take, ita kaɗai ce ba ta ce a gyara ba. To ina ɗan shekara huɗu ya san karin hula? Sai ta tuna wanda ya hau ya toshe mata rufi washegarin ruwan, da wanda ya jawo akwatin waje ya sha iska.

"Sahabi."

"Na'am, amarya."

"Wa yab buɗe mani akwati?"

"Akwati? Wane akwati? Wataƙila ɓera na."

"Ɓera mai gashin gemu tara?"

"Kin ga, kin yarda tara na!"

Dariya ta ƙwace mata, irin wadda gidan ya kwana biyu bai ji ba, har kazar da ke satar gyaɗa ta firgita ta tashi. Ta dafa gwiwa ta miƙe, ta shiga ɗaki. Aka ji ƙarar murfin akwati. Ta fito da baƙar hula, ta koɗe, tana ƙamshin turaren ajiya, ta kifa masa a ka. Hular ta zarme har kan girarsa.

"Ka ci, ɗan banza. Riƙe ta, ko Allah ya sa kanka shi girma. Amma da sharaɗi: ka sauke mai buhun ga. Shi gaba, kai baya da kaya."

"Wasan bai yarda da haka ba, Kaka."

"To ka gaya ma wasan ni nic ce."

"An gama. In kai a wanko maki hoton, a sa a gilashi? Wanga kam, ruwa ba ya cin shi."

Inna Hindatu ta rufe ido, ta ɗan jima. Yana nan, bai je ko'ina ba, da idonsa ɗaya a runtse. Ta buɗe, ta jawo faifan gyaɗarta.

"Bar abinka. Naka bai kama ƙahwar nawa a kyau ba, nawa kau yana inda ba ya yoyo."

Sahabi ya tura hular baya, ya nufi ƙofa. Har ya sa ƙafa a zaure ta ɗaga murya.

"Kai, malalacin miji! Wanko guda biyu."