Notin Tsohon Jirgi

Wani ne aka ɗauka sojan sama. Dangi suka yi ta murna, kowa na cewa ɗanmu zai tuƙa jirgi. Sai aka jefa shi rundunar da ke kula da filin jirgi. Jirgi kam yana ganinsa kullum, amma daga ƙasa.

Aikinsu kowace safiya shi ne su jeru kafaɗa da kafaɗa, su bi titin jirgi a ƙafa, kai a sunkuye, suna tsince duk abin da ya faɗi. Tsakuwa ɗaya in injin jirgi ya zuƙe ta, an shiga uku. Saboda haka sajensu ya kafa doka: duk wanda ya tsinci ƙarfe a titi, za a ba shi hutu.

Mutumin naka kuwa hutun nan yake nema ido rufe, don matarsa na da tsohon ciki. Kullum sai ta kira shi.

"Wallahi in na haihu ba ka nan, sunan babana zan sa wa yaron, kuma ba sai na tambaye ka ba."

"Haba uwargida, ki daure. Ina nan ina dube-dube."

Ya duba har wuyansa ya sage. Abin da ya taɓa samu bai wuce gashin tsuntsu ba.

To, a bakin ƙofar sansanin akwai wani tsohon jirgi da aka ɗora kan ginshiƙin siminti. Shi ne jirgin farko da rundunar ta mallaka. Duk sabon soja sai an tsayar da shi a rana an karanta masa tarihinsa, kuma Kwamanda ba ya wucewa bai sara masa ba. Mutumin naka ya tsaya yana kallon ƙarƙashin fiffiken. Noti ne reras, ba mai amfani da su. Ya aro sifana, ya ce zai gyara kekensa. Ya kwance notin, ya cika aljihu.

Washegari ana cikin tafiya sai ya saki ɗaya ta ƙafar wando, ya duƙa.

"Saje! Na tsinta!"

Aka ɗan matsa gaba.

"Saje! Ga wani!"

Kafin a kai ƙarshen titi ya tara noti cike da hula, yana ta washe baki. Saje bai yi dariya ba. Ya juya notin a hannu, ya fizgo oba-oba ya kira hasumiyar da ke ba jirage izinin tashi.

"A tsayar da kowane jirgi! Akwai wanda ke zubar da noti!"

Abin da gogan bai sani ba ke nan: in aka tsinci notin jirgi, ba abin da zai sake tashi sai an gano daga jikin wanne ya fito. Nan take aka soke hutun kowa, har da na Saje, wanda ya riga ya ɗaure jaka.

"Saje, ni fa nawa hutun?"

"Rufe min baki ka ɗauki tocila!"

Makanikai suka kwance jirage ɗaya bayan ɗaya, suka mayar. Matuƙa suka zauna a inuwa suna hamma. Manya daga hedikwata suka yi ta buga waya. Aka duba har motar kashe gobara, ba inda noti ya ɓace. Matar kuma ta aiko cewa ta fara jin ciwon baya.

Da abin ya ishi Kwamanda, ya tara kowa, idanunsa jajur.

"Duk wanda ya nuna min jirgin da notin nan suka fito, yau ɗin nan zai tafi gida. Ni na faɗa!"

Bai rufe baki ba mutumin naka ya buga ƙafa ya fito.

"Yallaɓai, biyo ni."

Ya shige gaba, Kwamanda da hafsoshi na biye, har bakin ƙofa. Ya nuna ramukan da ke ƙarƙashin fiffiken tsohon jirgi. Babban makanike ya gwada noti ɗaya, ya zauna daram. Mutumin naka ya ji daɗi, ya dafa fiffiken yana jiran yabo. Fiffiken ya yi ƙara, ya sulalo, ya kwanta a kan motar Kwamanda da ke ajiye a gindin jirgin.

Kwamanda ya dubi motarsa, ya dubi tarihin rundunarsa, sannan ya matso har hancinsu ya kusa haɗuwa.

"Kai. Jirgin nan ba shi da inji. Tun kafin a haife ka yake kafe a kan siminti. Yaya aka yi notinsa ya je tsakiyar titin jirgi?"

Mutumin naka ya ƙame, ya sara.

"Yallaɓai, wannan ma na san amsarta. Hutun kwana nawa aka sa mata?"