Zoɓo a Firjin Nono

Jama'a, wanda ya gan ni jiya a kasuwar Batsari ina ɗingishi zuwa shago, kada ya ce sanyin ƙashi ne. Bijimi ne ya shure ni, kuma a bakin aikin raya ƙasa. Ni Armaya'u tela, da ban taɓa kiwon ko zakara ba, ranar Talata na wuni a matsayin makiyayi, da malfa da sanda da gora, a gaban baƙuwa daga ƙasar waje. Ku gyara zama in ɗauko muku daga tushe.

Yayata Suwaiba a Tsaskiya take aure. Shekara shida da suka wuce wasu bayin Allah suka shigo garin da fararen motoci, suka tara mata a gindin ɗorawa, suka ce ƙasarsu ta ji tausayinsu, me suke so? A lokacin kusan kowane gida da shanu. Matan suka ce hanya suke so, don da damina kafin babur ya tsallake rafi ya kai kasuwa, nono ya tsinke. Baƙin suka yi ta rubutu. Abin da ya fito daga rubutun shi ne firji mai aiki da hasken rana. Ban ga laifinsu ba. Hanya ba a ɗauko ta a jirgi, kuma ba ta da ƙofar da za a liƙa wa tutar mai kyauta.

Sai kuɗin suka kamo hanyar Tsaskiya, sannu a hankali, suna ya da zango. An zauna a otal can ƙasar masu kyautar an tattauna nonon Tsaskiya. An zauna a otal a Abuja. Mai Girma Uban Bita, Allah ya ƙara masa kwana a otal, ya jagoranci taron kwana biyar a kan launin da za a shafa wa firjin. Mai Girma Jagoran Rahoto ya sayi mota don zuwa duba wurin da za a ajiye shi, sannan ya gano motar ta fi ƙarfin hanyar, sai ya duba daga ofis.

Ana cikin wannan hidima ɓarayin daji suka yi ta kore shanun, garke bayan garke. Na mijin Yaya goma sha ɗaya ne, rana ɗaya suka tafi. Wannan ba abin dariya ba ne, kuma ba wanda ya yi bita a kansa.

Bara firjin ya iso, fari sol, ya fi akwatin amarya girma, an rubuta masa a gaba cewa na ƙungiyar mata masu sayar da nono ne. Babu saniya ko ɗaya a unguwar. Yaya, wadda aka naɗa shugabar ƙungiya, ta yi wata guda tana share masa ƙura tana sauraron gurnaninsa. Ran nan ta dafa zoɓo ta ƙulla a leda ta zuba. Kafin la'asar ya ƙare. Indo maƙwabciyarta ta kawo kunun aya. Da azumi ya kama, har daga Runka ake zuwa a babur neman ƙanƙara. Yau mata goma sha tara ne ke ci daga firjin nan, da yawansu waɗanda aka bar wa marayu. Ni kaina na ɗinka wa yaransu kayan Islamiyya, kuma ba da roƙo ba.

Sai ga Malam Badamasi, jami'in shirin na yankinmu, ya sauka daga babur ranar Asabar yana gumi. Mutumin kirki ne, tsoro ne kawai ya yi masa yawa. Bayan gaisuwa ya buɗe firjin, ya ga ja ko'ina, ya rufe da sauri.

"Hajiya, baƙuwa na zuwa Talata daga wurin masu kuɗin. Takarda ta ce nono."

"To ai takarda ba ta kiwo, Malam. Ina shanun?"

"A rahoto suna nan, Hajiya. Har sun haihu. Idan ta ga zoɓo za a ce kun karkatar da tallafi. A ɗauke firji, ni kuma a sallame ni."

Yaya ta dubi firjin, ta dubi Indo da ke goye da jikarta. Ta ce, "Nono nawa takardar take so?"

Ranar Lahadi duk madarar gari da ke shagunan Batsari ta ƙare. Aka dama, aka zuba tsami, ta kwana ta zama kindirmo mai ƙamshin gwangwani. Aka aro shanu uku daga Babban Duhu, mai su ya biyo su a ƙasa don ya ce bai yarda da kowa ba, kuma yana da gaskiya. Da yake ya ƙi a ɗauke shi hoto, Yaya ta aiko min. Na ce, "Yaya, ni fa tela ne." Ta ce, "Madarar ma ta shago ce. Sa malfa."

Baƙuwar ta iso da rakiyar masu bindiga da suka fi shanun yawa. Dattijuwa ce, fuskarta ta yi ja da zafi, an ce minti arba'in kawai aka yarje mata. Ta yi sallama da Hausa, wai a Maraɗi ta koya tun tana budurwa. Nan na ga Malam Badamasi ya naɗe takardarsa ya cusa a aljihu, don ya kwana yana shirya fassarar da ba za a nema ba.

Ta ce tana son hoton tatsa. Na ɗauki ƙwarya, na zaɓi wadda ta fi ƙiba a cikin ukun, na durƙusa, na miƙa hannu ina lalube. Mai shanun ya buɗe baki zai yi magana, amma dabbar ta riga shi bayani. Na tashi sama da malfa, na sauka babu ita. Matan Tsaskiya suka yi dariyar da suka ce rabonsu da irinta tun kafin a kore shanu.

Baƙuwar ta yi dariya har ta ƙware. Yaya ta manta da komai, ta ruga ɗaki ta ɗauko zoɓon da aka ɓoye a randa, da sauran sanyinsa. Matar ta shanye leda ɗaya, ta karɓi ta biyu, sannan ta ce, "Wannan a ina ya yi sanyi?"

Malam Badamasi ya soma karanta duk abin da ya zo bakinsa. Yaya ta gyara mayafi ta ce, "Baiwar Allah, na girmi yi miki ƙarya kina shan abina." Ta faɗa mata komai, tun daga hanyar da suka roƙa har madarar shago.

Baƙuwar ta rage murya. Ta ce tun da ta sauka ta san babu shanu a garin, don ba ta taka kashinsu ko sau ɗaya ba. Ta ce a shekara talatin na aikinta ba ta ga firjin da ke ciyar da gida goma sha tara ba. "Amma ni ma takardata nono ta ce. Manyana sun faɗa wa masu biyan haraji a ƙasarmu nono. Idan na rubuta zoɓo, shirin ya faɗi, a rufe, ni ma in koma gida." Ta miƙa wa Yaya ledar. "Ɓoye wannan, Hajiya. A buɗe firji mu yi hoto."

Aka yi hoto, kowa da ƙwaryar madara a hannu, Malam Badamasi na murmushi kamar ango. Motoci na ɓacewa aka kwashe kindirmon aka raba wa yara, zoɓo ya koma mazauninsa.

Da safen nan Malam Badamasi ya biyo shagona da albishir. Masu kyauta sun ji daɗin nasarar nonon Tsaskiya ƙwarai, za su turo firji goma zuwa wasu ƙauyukan Safana, da injin kaɗa man shanu. Na tambaye shi ƙauyukan suna da shanu? Ya ce wannan tambayar ba ta cikin fom. Hanya kuwa, Mai Girma Uban Bita zai kira taro a kanta.

Saboda haka, manoma, ga shawara kyauta daga tela: bana ku rage gero ku shuka jar yakuwa. Harkar nono za ta buɗe sosai.