"Fara" Aka Ce, Ba "Gama" Ba

A unguwarmu akwai wani mutum, Malam Haladu, amma kowa Lauya yake ce masa. Ko ƙofar ajin shari'a bai taɓa leƙawa ba. Shekara goma sha biyu dai ya yi yana sayar da goro a bakin kotu, shi ke nan ya ce doka ta shige shi ta hanci kamar hayaƙi. In ya baje a majalisa, cewa yake alƙalai uku sun ajiye aiki da hawan jini saboda shi.

To, Lauya ya ja katanga ya toshe rariyar maƙwabcinsa, Baba Talle maɗinki. Ruwan sama na sauka, sai kwata ta koma ɗakin tsohon, har keken ɗinkinsa ya kama tsatsa. Baba Talle ya kai ƙara. Kotu ta ba Lauya takarda: ya fara rushe katangar cikin kwana bakwai.

Lauya ya karanta, ya ƙyalƙyale da dariya har hula ta faɗi. Ya bi 'yan majalisa ɗaya bayan ɗaya yana nuna musu kalma guda da farce. "Fara" aka rubuta, ba "gama" ba. Rana ta bakwai ya zuba babbar riga, ya tara 'yan kallo, ya ɗaga guduma, ƙwal, ya ɓantaro bulo ɗaya daga can sama. Ya kakkaɓe hannu ya ce ya bi umarni. Wani dattijo ya tuna masa ramin ƙarya ƙurarre ne. Lauya ya ce a nuna masa sashen dokar da ya faɗi haka.

Damina ta yi nisa, katanga na nan daram. Da ruwa ya kai Baba Talle gwiwa, ya naɗe wando ya koma kotu.

Ranar zama, Lauya ya shigo da bulon nan a buhu, ya dire shi gaban alƙali, tim, wai shaida. Ya shafe rabin awa yana bambance fara da gama. Har ya ce wanda ya fara cin tuwo ai ba a ce masa bai ci ba. Alƙali na gyaɗa kai yana rubutu. Gogan naka ya waiga ya kashe wa mutanensa ido.

"Hujjarka ta yi ƙarfi, kotu ta ƙaru," in ji alƙali. "Saboda raina umarninta kuwa, a fara tsare shi a gidan yari daga yau."

Ɗan sanda ya dafa masa kafaɗa. Lauya ya juya wajen alƙali da sauri.

"Allah gafarta Malam, na kwana nawa?"

Alƙali ya sa hannu a takardar hukuncin, ya tura masa ita a hankali.

"Ai kai ne malamin Hausarmu. Karanta da kyau. In ka ga 'gama' a ciki, ka aiko a gaya mini."