Ranar da Lawandi Ya Kayar da Banki

Wani mutum ne a Gusau ana ce masa Lawandi Wuƙar Ciniki. Ba wani ne ya raɗa masa sunan ba, shi ya raɗa wa kansa, ya kuma bi unguwa yana tuna wa duk wanda ya manta. Ma'aikacin gwamnati ne, amma in ka ji shi a majalisar ƙofar shagon Hudu tela, sai ka rantse shi ya koya wa kasuwa ciniki. Ya ce ya taɓa taya rago har mai ragon ya fashe da kuka, ya ƙara masa da igiya da buhun dusa. Ya ce ya taɓa shiga motar Kano ba ko sisi, kafin a kai Tsafe shi ke bin direba canji.

Duk da haka shekararsa goma sha tara a gidan haya, ɗaki biyu. In aka ce, "Wuƙa, yaushe za a yanko gida?" sai ya ce, "Gaggawa aikin shaiɗan. Ina jiran wanda zan kayar ne."

Ana nan sai labari ya zo cewa wani banki na ba ma'aikata lamunin gida, a riƙa cira daga albashi wata-wata. Akwai wani gida a sabuwar unguwa, ɗaki uku da falo, naira miliyan goma. Lawandi ya ce, "Yawwa! Kura ta zo gidan maharbi." Ya shafe furfurarsa da baƙin shuni, ya zuba babbar riga, ya nufi banki yana taku ɗai-ɗai.

Aka haɗa shi da wani ma'aikaci, Nazifi, saurayi mai sanyin murya. Nazifi ya buɗe fayil, ya dubi takarda, ya dubi fuska, ya sake duban takarda.

"Baba, a nan an rubuta shekarunka talatin."

"Wane ne babanka? Sa'anka ne ni. Wahalar aiki ce ta tamushe ni."

Nazifi ya haɗiye abin da ya zo masa baki. Ya ce, "To Yallaɓai, banki zai biya miliyan goma. In shekara goma ka zaɓa, duk wata za ka riƙa biyan dubu ɗari da arba'in."

Lawandi ya yi tsaki, tsuuut! Ya miƙe, ya kaɗe riga, ya nufi ƙofa a hankali, yana jiran a kira shi kamar yadda ake yi a kara wajen cinikin dabbobi. Ba wanda ya kira shi. Ya tsaya ya gyara takalmi. Shiru. Ya juyo da kansa.

"To na ji ka kira ni. Nawa za ka rage?"

"Ai ba a ragi, Yallaɓai. Sai dai a tsawaita lokaci. In shekara ashirin ce, dubu ɗari da goma duk wata. Amma jimillar abin da..."

"Ahaf! Ka ga ya fara saukowa. Ƙara sauka!"

"In shekara talatin ce, dubu ɗari cif. Amma Yallaɓai, kuɗin ruwa yana bin shekaru ne. Bari in nuna maka jimillar..."

"Kai, bar ni da jimilla! Jimilla ake ci? Wata-wata nake ɗaukar albashi, wata-wata za mu yi magana. Shekara sittin fa, nawa ke nan?"

"Ba mu wuce talatin."

"Tsoro ya kama ku ke nan!"

Nazifi ya tura masa wata takarda mai layi-layi, ya ɗora yatsa a kan lambar da ke can ƙasa. Lawandi ya karɓe ta ya yi fifita da ita. Nazifi ya sake ɗora yatsa a kan wata takardar, Lawandi ya ture hannun, ya fizgi biro, ya rattaba hannu shafi bayan shafi, ƙarat-ƙarat, wai kada yaro ya farga ya canja shawara. Da zai fita har ya dafa kafaɗarsa.

"Kada ka damu. In sun kore ka saboda ni, zo in sama maka wani aikin."

Kafin la'asar labari ya cika majalisa. Lawandi ya ce awa uku ya yi yana ciniki, har manaja ya suma. Ya ce sai da aka rufe ƙofar banki aka yi taron gaggawa. Ya ce yaron da ya yi ciniki da shi har da hawaye, yana roƙo, "Yallaɓai, ka bar mana na cefane."

Hudu tela ya tsayar da keken ɗinki ya ce, "Wato dubu arba'in ka zabge musu duk wata?"

"Duk wata! Har shekara talatin! Kai lissafa asarar da suka yi."

Majalisa ta ɗauki kabbara. Nan fa kwaɗayi ya motsa. Lawandi ya sanar da cewa ranar walimar shiga sabon gida zai ba da darasi na musamman kan yadda ake kayar da banki, amma ilimi ba ya zuwa kyauta: dubu biyar kowane kai, kuɗi hannu. Mutum goma sha bakwai suka biya. Har da Hudu, wanda ya biya da kuɗin ɗinkin mutane. Da kuɗin nan ne Lawandi ya kama rumfa da kujeru da lasifika, ya ɗauko maroƙi. Ya kuma aika wa Nazifi katin gayyata, don ɗalibai su ga wanda aka kayar ido da ido.

Ranar Asabar da hantsi unguwa ta cika. Nazifi ya zo, aka zaunar da shi a kujerar gaba shi kaɗai kamar wanda za a yi wa shari'a. A gefen rumfa kuwa ga Gwaggo Tasalla, ƙanwar mahaifin Lawandi, ta kafa tanda tana suyar waina. Tsohuwa ce da ba ta taɓa shiga aji ba, amma shekara arba'in tana uwar adashi, ba a taɓa jin kwabo ya ɓata a hannunta ba.

Maroƙi ya buɗe maƙogwaro: "Wuƙa mai yanka banki! Na Tasalla, ba a taya maka a ci riba! Sun ce arba'in, ka ce babu!"

Lawandi ya hau benci, ya karɓi lasifika ya hura, fuu, fuu.

"Darasi na farko. Kada ka yarda su rikita ka da takardu. Abu ɗaya za ka riƙe: na wata. Ka danne na wata har sai ya yi ƙara. Ni nan da kuke gani, gidan miliyan goma na shiga da dubu ɗari kacal!"

Tafi raf-raf-raf.

Sai wata murya ta fito daga cikin hayaƙin tanda. "Lawandi."

"Gwaggo, ana darasi."

"Na ji. Dubu ɗarin nan, zubi nawa za ka yi?"

"Shekara talatin, Gwaggo. Wannan harkar boko ce, ba adashi ba."

"Duk abin da ake zubawa wata-wata adashi ne, ɗan nan. Bambancin kawai wa zai kwasa. Hudu, wata nawa ne a shekara talatin?"

Hudu ya duba sama, ya motsa leɓe. "Ɗari uku da sittin."

"Dubu ɗari sau goma fa?"

"Miliyan ɗaya."

"Madalla. Miƙo min faifan can. Duk wata goma, waina ɗaya."

Ta tsamo waina ta ajiye a faifai, ɗas. "Ɗaya." Ta ƙara. "Biyu." Kafin ta kai biyar, duk rumfa ta ɗauka da ita kamar masu bita a makaranta. "Shida! Bakwai!" Lawandi na murmushi yana kaɗa kai. Da aka ce "Goma!" ya ɗaga hannu.

"Tsaya nan! Kuɗin gida ya cika. A tafa wa Gwaggo."

"Wane cika? Wata ɗari ke nan. Saura ɗari biyu da sittin."

Ta fara sabon tsibi. "Sha ɗaya! Sha biyu!" Murmushin Lawandi ya fara bushewa daga gefe. Aka kai ashirin, tsibi biyu. Gumi ya tsattsafo, shunin kansa ya fara gangarowa ta bayan kunne, baƙi wuluk. A ashirin da takwas waina ta ƙare.

"Alhamdu lillahi!" in ji Lawandi. "Lissafi ya ƙare."

"Wainar ce ta ƙare, bashin na nan," in ji Gwaggo. "Ku yi haƙuri in zuba wani ƙullun."

Haka mutum sama da ɗari suka zauna tsit, ba ka jin komai sai chuuu na mai a tanda, ana jiran sauran bashin Lawandi ya soyu. Wani ɗalibi har ya matsa ya taya ta hura wuta.

"Talatin da huɗu! Talatin da biyar! Talatin da shida!"

Gwaggo ta goge hannu a zani. Ga tsibi uku na goma-goma, ga shida a gefe.

"Miliyan talatin da shida. Gida uku ke nan, da ɗakuna biyu da bayi."

"Ƙarya ne!" Lawandi ya manta lasifika na bakinsa, har ƙarshen layi aka ji. "Waina ba ta lissafi! Kai Nazifi, tashi ka gaya musu yadda na yi da ku!"

Nazifi ya miƙe a ladabce. "Lissafin Gwaggo daidai ne, Yallaɓai. Lambar da na yi ta ɗora maka yatsa a kai ke nan, ka yi fifita da ita."

Hudu ya ce, "To da ya karɓi na farkon fa, na shekara goma?"

"Da duka-duka miliyan goma sha bakwai ne babu kaɗan."

Gwaggo ta sa hannu ta ware waina goma sha tara gefe guda. "Wato wannan duk ladan iya ciniki ne."

Wani daga baya ya ce, "Innalillahi! Awa uku yana ciniki ya ƙara wa kansa miliyan goma sha tara!"

Lawandi ya sauko daga kan benci, ya kama hannun rigar Nazifi, ya sassauta murya. Lasifikar dai na nan a hannunsa.

"To tsaya. Tunda kuɗin gida uku zan biya, ina sauran biyun? A wace unguwa suke?"

"Babu su, Yallaɓai. Wannan ɗin ma takardunsa na wurinmu sai ka gama."

"Ba yadda za a yi a rage?"

"Akwai. In ka ƙara abin da kake biya duk wata, shekarun za su ragu, jimillar ta sauko. Misali ka koma dubu ɗari da arba'in."

"Wadda na baro?"

"Ita."

Gwaggo ta ce, "Gara ka koma, ɗan nan. Ni na yi wa uwarka wankan jegonka, bana shekara hamsin da biyu. In ka bi ta talatin ɗin nan, wanda zai karɓi zubinka na ƙarshe yanzu haka yana goye a bayan uwarsa."

Rumfa ta kece da dariya, har wani ya faɗo daga kujera, rigijib! Ɗalibai goma sha bakwai kuwa ba su yi dariya ba. Suka taso a jere, Hudu a gaba.

"Malam, dubu biyar-biyar ɗinmu."

"Ai... a kansu kuka zauna. Su ne kujerun nan."

"To mu za ka biya mu a shekara nawa?"

Maroƙi ya ga inda iska ta juya. Ya zare lasifika daga hannun Lawandi, ya tsallake shi kamar bai taɓa ganinsa ba, ya durƙusa gaban Nazifi: "Na banki, sanyi mai kashe kaifin wuƙa! Ba ka taya ba, ba ka yi gardama ba, aka kawo maka har gida!"

Lawandi ya zube a kan benci, riga ta jiƙe sharkaf, rabin kai baƙi rabi fari. Tun safe bai sa komai a cikinsa ba. Ya dubi faifan nan, ya miƙa hannu a hankali.

Gwaggo ta buge hannun, tas!

Ta ƙirga goma ta zuba masa a kwano. "Ungo gidanka."

Sauran ashirin da shida ta juye a babban faranti, ta malala musu miyar taushe, ta ɗauka da hannu biyu ta dire gaban Nazifi.

"Ci, ɗan nan, kada ka ji kunya. Ai walimar taku ce."